Gobarar 1910 da Darasin da Amurka Ta Ɗauka a Baibai

Da daren Asabar, 20 ga Agustan 1910, wani malamin daji mai suna Edward Pulaski ya tsaya a bakin wani tsohon ramin haƙar ma'adinai da ke tsaunukan jihar Idaho, a arewa maso yammacin Amurka, riƙe da ƙaramar bindiga. A bayansa, cikin duhun ramin, mutum fiye da 40 ne kwance rub da ciki, wasu na kuka, wasu na addu'a. Leburori ne da aka ɗauko domin kashe wutar daji, sai wutar ta juyo ta biyo su. Pulaski ya san dajin kamar yunwar cikinsa, shi ya sa ya iya ratso da su cikin hayaƙi da faɗuwar bishiyoyi har zuwa wannan rami. Da zafi ya tsananta, numfashi ya soma gagara, wani daga cikinsu ya zabura zai fita. Pulaski ya nuna shi da bindiga, ya ce duk wanda ya yi yunƙurin fita zai harbe shi. Ya rataya jiƙaƙƙun barguna a bakin ramin, yana ɗibar ruwan da ke kwance a ƙasa da hularsa yana watsa wa katakon da ya kama da wuta, har shi ma ya faɗi a sume.

Da asuba waɗanda suka farfaɗo suka rarrafo waje. Biyar ba su tashi ba. Sauran suka lallaɓa suka gangara garin Wallace da ƙuna a jikinsu, suka tarar kashi ɗaya cikin uku na garin ya koma toka.

A cikin kwana biyu, 20 da 21 ga Agusta, wutar ta cinye kimanin eka miliyan 3 a arewacin Idaho da yammacin Montana, wato fili da ya haura rabin faɗin Jihar Kano. Mutum kusan 87 suka halaka, 78 daga cikinsu masu kashe wuta ne. Asarar rayuka da dukiya babba ce, amma abin da ya sa har yau ake waiwayar wannan gobara shi ne hukuncin da gwamnati ta yanke bayanta: cewa duk wata wuta da ta tashi a daji abokiyar gaba ce, dole a kashe ta nan take. An yi shekara 68 a kan wannan hukunci. Ya yi aiki fiye da yadda masu shi suka zata, kuma wannan nasarar ita ce ta tara wa jikokinsu makamashin da ke ci a yanzu.

Hukuma 'yar shekara biyar

Lokacin da wutar ta tashi, Hukumar Kula da Gandun Daji ta Amurka shekararta biyar kacal da kafuwa. Shugaba Theodore Roosevelt ne ya kafa ta a 1905, ya damƙa ta a hannun amininsa Gifford Pinchot. Manufarsu ita ce dazuzzukan yammacin ƙasar su zauna a hannun gwamnati a madadin jama'a, kada kamfanonin katako da na jirgin ƙasa da na ma'adinai su wawushe su yadda suka yi wa dazuzzukan gabas. Wannan manufa ta jawo musu maƙiya masu ƙarfi a majalisa. Ɗaya daga cikin mafi zafinsu shi ne Sanata Weldon Heyburn na Idaho, wanda mazauninsa ma garin Wallace ne. A 1907 majalisa ta zartar da dokar hana shugaban ƙasa keɓe sababbin gandun daji a wasu jihohin arewa maso yamma. Kafin ya sa hannu a dokar, Roosevelt ya zauna da Pinchot suka keɓe ƙarin eka miliyan 16. 'Yan majalisar ba su manta da wannan ba, suka riƙa matse wa hukumar bakin aljihu.

Pinchot ya yi karatun gandun daji a birnin Nancy na Faransa, kuma ya ɗauki Dietrich Brandis, Bajamushen da ya kafa tsarin gandun daji a Indiya ƙarƙashin mulkin Birtaniya, a matsayin malaminsa. A wannan makaranta ta Turai, daji gona ce ta katako da ake lissafta amfaninta, wuta kuma alama ce ta sakaci da rashin tsari. Tunani ne da mai karatu zai iya ganewa, domin shi ne Turawan mulkin mallaka suka zo da shi Afirka ta Yamma, inda suka fara da kallon ƙunar daji ta manomi da makiyayi da mafarauci a matsayin ɓarna zalla. A Amurka, alkawarin da Pinchot ya yi wa jama'a, wanda da shi ya kare wanzuwar hukumarsa, shi ne malamansa za su iya tsare daji daga wuta.

A Janairun 1910 Shugaba William Howard Taft ya sallami Pinchot bayan wata doguwar takaddama da sakataren harkokin cikin gida, Richard Ballinger. Hukumar ta shiga wannan shekara ba uban gida, ba isassun kuɗi. Malamin daji guda yakan riƙe yanki mai faɗin da zai ɗauke shi kwanaki bisa doki kafin ya ƙetare, a cikin tsaunukan da babu hanya, babu wayar tarho sai jefi-jefi.

Shekarar da ruwa ya ƙi

A tsaunukan Rocky, dusar ƙanƙarar da ke taruwa lokacin sanyi ita ce ma'ajiyar ruwan daji. Tana narkewa sannu a hankali ta jiƙa ƙasa har tsakiyar shekara. A 1910 ta narke da wuri, ruwan sama kuma ya ɗauke tun daga watan Afrilu. Zuwa Yuli ƙoramu sun ja baya, ganye da rassan da suka zube a ƙasa sun bushe ƙamas.

Masu kunna wuta kuwa ba su yi ƙaranci ba. Jiragen ƙasa masu amfani da kwal suna ratsa dajin suna fesar da tartsatsi, ciki har da sabon layin dogo na kamfanin Milwaukee da aka kammala ba da jimawa ba, wanda aka bar tarin sararrun itatuwa a gefensa. Masu share gona suna ƙona saura, masu neman ma'adinai suna barin wutar girki. Ranar 26 ga Yuli hadari ya taso da tsawa da walƙiya ba tare da ruwa ba, ya kunna wuta a wurare masu yawa cikin dare ɗaya. Zuwa tsakiyar Agusta wutar da ke ci a yankin ta haura dubu, manya da ƙanana.

Hukumar ta bazama neman hannu. Aka riƙa kwasar mutane daga titunan Spokane, Butte da Missoula a kan ladan santi 25 a awa. Da yawansu baƙi ne da suka shigo daga Italiya da ƙasashen Balkan da sauran sassan Turai, ba su san dajin ba, wasu ko Turanci ba sa ji. Makamansu gatari ne da shebur da zarto. Shugaba Taft ya tura sojoji kimanin 4,000, ciki har da runduna ta 25 ta sojojin ƙasa, wadda dakarunta baƙaƙen fata ne. Aikin da ake yi shi ne na share layi a kewayen wuta, a sare itace a kankare ƙasa har wutar ta iso ta rasa abin ci. Zuwa 19 ga Agusta shugabannin hukumar sun fara jin cewa sun kusa shawo kan lamarin.

Kwana biyu

Washegari da rana iska ta taso daga kudu maso yamma, busasshiya, da ƙarfin guguwa. Domin gane abin da ya biyo baya, sai an san yadda wuta ke tafiya a kan tudu. Harshenta yakan jingina da gangaren da ke samansa, ya busar da ciyawa da itacen da ke gaba tun kafin ya isa gare su, saboda haka wuta ta fi gudu idan tana hawa. Kwazazzabo kuma yana zuƙo iska ya tura ta sama kamar bututun hayaƙi. Idan wuta ta bar ƙasa ta kama kan bishiyoyi, iska na ɗaukar garwashi ta jefa shi nesa a gaba, ya kunna sabuwa a bayan layin da aka wahala wajen sharewa. A wannan rana ɗaruruwan wutace suka haɗe suka zama ɗaya, zafinta ya haifar da tata iskar, wadda ke tumɓuke manyan bishiyoyi tun kafin harshen wuta ya taɓa su.

Ayarin ma'aikata da ke warwatse a tsaunuka kowanne ya ji da kansa. A Setzer Creek, kusa da garin Avery, mutum 28 suka mutu wuri guda. A Big Creek mutum 18 suka fake a wata bukkar katako, rufinta ya rufto musu. Wani matashin malamin daji, Joe Halm, ya tsare mutanensa a kan yashin wata ƙorama, suka kwanta cikin ruwa suka lulluɓa da jiƙaƙƙun barguna. An riga an ba da labarin mutuwarsu, sai ga su sun fito da ƙafarsu bayan kwanaki. Ƙananan garuruwa irin su Taft, De Borgia, Haugan da Grand Forks sun ƙone ƙurmus. Direbobin jirgin ƙasa suka loda mata da yara suka bi ta kan gadojin katako da ke ci da wuta, wasu suka ɓuya da jiragensu a cikin ramukan da layin dogo ya huda ta cikin duwatsu. A Avery, sojojin runduna ta 25 ne suka tsare tsarin kwashe jama'a, sannan tare da mutanen gari aka kunna wata wuta da gangan a bakin garin domin ta cinye abin da ke tsakani kafin babbar ta iso. Garin ya tsira.

Abin da ya kashe wutar a ƙarshe shi ne sauyin yanayi. Iska ta kwanta, sanyi ya shigo, aka sami yayyafi da dusar ƙanƙara a kan tsaunuka, sannan ruwa sosai a ƙarshen watan. Dubban mutanen da aka tara ba su da hannu a ciki.

Darasin da aka zaɓa

Ana iya karanta abin da ya faru ta fuska biyu. Ta farko: akwai wutar da ta fi ƙarfin mutum komai yawan ma'aikata, saboda haka hikima ita ce a rage abin da za ta ci tun kafin ta zo, a kuma janye mutane daga gabanta. Ta biyu: da an ba hukumar isassun kuɗi, hanyoyi, tarho da ma'aikata, da ta kashe ƙananan wutacen nan tun suna ƙanana, da iskar ba ta sami abin hurawa ba.

Fuska ta farko tana da masu kare ta a lokacin. A watan Agustan nan na 1910 mujallar Sunset ta buga maƙalar wani mai harkar katako a Kalifoniya, George Hoxie, yana kira da a riƙa sa wa ƙasan daji wuta mai sauƙi a lokacin da akwai danshi, domin share busassun rassa da ciyayi kafin su taru. Ba sabon abu ya ƙirƙiro ba. Ƙabilun asalin yankin, irin su Salish, Kootenai da Nez Perce, sun yi ƙarnuka suna ƙona daji a kan lokaci domin buɗe hanya, sabunta makiyayar namun daji da yalwata 'ya'yan itatuwan da suke ci. Malaman hukumar suka laƙaba wa wannan dabara sunan wata ƙabilar asali da nufin raini, ma'ana aikin waɗanda ba su yi makaranta ba. Wani abin da ya ƙara dagula lissafi shi ne Ballinger, mutumin da ya yi sanadin korar Pinchot, ya nuna goyon baya ga ƙunar. Daga nan batun ya tashi daga tambayar ilimi ya koma tambayar ɓangare: wanda ya ce a ƙona, yana tare da maƙiyan hukuma.

Pinchot, duk da ba ya kan kujera, ya fito a jaridu ya ɗora alhakin mutuwar ma'aikatan a kan Heyburn da ire-irensa da suka hana kuɗi. Jama'a suka karɓi wannan bayani, domin ga gawawwaki, ga jarumai irin su Pulaski. Majalisa ta biya giɓin fiye da dala miliyan 1 da hukumar ta kashe, ta ƙara mata kasafi, kuma a Maris na 1911 ta zartar da Dokar Weeks, wadda ta ba gwamnatin tarayya ikon sayen filayen daji da haɗa hannu da jihohi wajen yaƙar wuta. Hukumar da ake shirin shaƙewa ta fito daga gobarar da ƙarfin da ba ta taɓa samu ba. Zuwa farkon shekarun 1920 an rufe muhawarar ƙuna mai sauƙi a hukumance.

Akwai wani abu kuma da ya wuce siyasa. Hausawa na cewa wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. William Greeley, wanda shi ne shugaban yankin a Missoula lokacin gobarar, ya zama shugaban hukumar baki ɗaya a 1920. Robert Stuart da Ferdinand Silcox, waɗanda suka biyo bayansa, su ma suna yankin a 1910. Daga 1920 zuwa 1939 ragamar hukumar tana hannun mutanen da suka ga wannan wuta da idonsu, suka ƙirga gawawwakin da ta bari.

Ƙarfe goma na safe

A 1934 wuta ta sake yin ɓarna a yankin Selway na Idaho duk da dubban ma'aikatan da aka tura. Elers Koch, wanda ya shugabanci gandun Lolo a 1910 kuma ba wanda zai kira shi matsoraci, ya rubuta a 1935 cewa kuɗin da ake zubawa wajen yaƙar wuta a can cikin tsaunukan da ba kowa ba ya sauya komai, gara a bar irin waɗannan wurare. Silcox ya zaɓi akasin haka. A wannan shekara ya kafa ƙa'idar da ta shahara: duk wutar da aka ba da rahotonta, a shawo kanta kafin ƙarfe 10 na safiyar gobe. In ta gagara, wa'adin ya koma ƙarfe 10 na jibi. Ƙa'ida ɗaya ga kowane daji, daga hamadar kudu zuwa kan iyakar Kanada.

Zamani ya ba su kayan aiki. Shirin samar wa matasa aiki na lokacin karyewar tattalin arziki, wanda aka fara a 1933, ya kawo dubban hannaye da suka gina hanyoyi, hasumiyoyin tsaro da layukan tarho a cikin daji. A 1940 aka fara sauke masu kashe wuta da laima daga jirgin sama, kuma a Idaho aka yi saukar farko. A 1944 aka ƙirƙiro Smokey Bear, hoton dabbar da ke gargaɗin yara da manya a kan wutar daji. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu rarar jirage da motocin soja suka koma aikin gobara. Faɗin dajin da ke ƙonewa a shekara ya ragu ƙwarai.

An ci gaba da biya da rayuka. Ranar 5 ga Agustan 1949, a kwazazzabon Mann Gulch na Montana, wuta ta tsallaka ƙasan wani ayarin masu laima ta biyo su a kan gangare. Shugabansu, Wagner Dodge, ya ga ba za su tsere mata ba, sai ya ƙyasta ashana ya ƙona ciyawar da ke gabansa, ya kwanta a cikin tokar, yana kiran mutanensa su shigo. Ba wanda ya gane nufinsa. Shi ya tsira, mutum 13 suka mutu. Abin da ya cece shi shi ne ilimin da hukumarsa ta yi watsi da shi: wuta ba ta bi ta inda wuta ta riga ta ci.

Bashin da daji ya tara

Kuskuren da ke cikin ƙa'idar ƙarfe 10 shi ne ɗaukar dazuzzuka duka a matsayin abu ɗaya. Dajin da ya ƙone a 1910 mafi yawansa na wurare masu danshi da tsayi ne, mai cunkoson bishiyoyi. Irin wannan daji yakan yi shekara ɗari ko fiye bai ga babbar wuta ba, amma idan fari da iska suka haɗu sai ya ƙone gaba ɗaya, ya sake tsirowa daga toka. Ɗaya daga cikin bishiyoyinsa, fayin da ake kira lodgepole, tana da kwanson iri da ƙaro ya liƙe, wanda zafin wuta ke narkarwa ya saki irin. Wato gobarar 1910, duk da muninta, tana cikin ɗabi'ar wannan daji.

A ƙasa-ƙasa kuwa, inda ya fi bushewa, akwai dajin fayin ponderosa, kuma shi tsarinsa daban ne. Tabon wuta da ke cikin zoben tsofaffin kututture ya nuna cewa kafin zuwan Turawa wuta takan ratsa irin wannan daji duk bayan 'yan shekaru, galibi tsakanin 5 zuwa 25. Wuta ce mai bin ƙasa, tana cin ciyawa, busasshen ganye da ƙananan tsiro, ta bar manyan bishiyoyi masu kaurin ɓawo. Sakamakonta daji ne mai sarari da mahayin doki zai ratsa a guje. Irin wannan wuta ita ce mafi sauƙin kashewa, saboda haka ita ce ƙa'idar ta kawar. Garkunan shanu da tumaki sun riga sun cinye ciyawar da ke ɗaukar ta, masu katako sun sare manyan bishiyoyin da ke jure mata. Abin da ya maye gurbi shi ne cunkoson ƙananan bishiyoyi, ɗaruruwa a eka guda inda a da ake samun 'yan gomiya. Waɗannan ƙanana su ne tsanin da wuta ke hawa daga ƙasa zuwa kan manya.

Harold Weaver, wani masanin daji da ke aiki a yankunan ƙabilun asali, ya bayyana wannan a rubuce tun 1943. A kudu maso gabas, Herbert Stoddard ya riga ya nuna cewa dajin fayin na can da tsuntsayensa suna lalacewa idan aka hana su wuta. An daɗe ana kallon su a matsayin 'yan tawaye. Lissafin da suka hango mai sauƙi ne: ko a yau kusan kashi 98 cikin 100 na wutacen da ke tashi ana kashe su tun suna ƙanana. 'Yan kaɗan da ke kuɓucewa su ne waɗanda suka tashi a ranar da ta fi kowace zafi da iska, kuma su ne ke tarar da makamashin da aka hana sauran ci.

Komawa da baya

Sauyi ya fara ne daga hukumar kula da wuraren shaƙatawa na ƙasa, wadda bayan rahoton kwamitin Starker Leopold na 1963 ta amince a 1968 cewa wuta na da gurbi a daji. Hukumar gandun daji ta yi nata gwajin a 1972, a yankin White Cap na tsaunukan Selway-Bitterroot, wato ƙasar da Koch ya yi magana a kanta. A Agustan shekarar tsawa ta kunna wuta, aka zuba mata ido. Ta ci kwana huɗu ta mutu da kanta, abin da ta ƙona bai wuce faɗin babban ɗaki ba. A 1978 aka soke ƙa'idar ƙarfe 10 a hukumance.

Soke ƙa'ida a takarda ya fi sauƙi a kan biyan bashin shekaru. A 1988 wuta ta ratsa kimanin kashi 36 cikin 100 na gandun Yellowstone, 'yan siyasa suka yi ca a kan manufar barin wuta, duk da cewa dajin lodgepole ne ya yi abin da ya saba, kuma ya sake tsirowa. A shekarar 2000 wata ƙuna da jami'ai suka kunna da gangan ta kuɓuce ta cinye gidaje fiye da 200 a Los Alamos ta jihar New Mexico. A 2022, a tsaunukan arewacin wannan jiha, ƙuna biyu na hukumar gandun daji suka kuɓuce suka haɗe, suka ƙona eka fiye da 340,000, gobara mafi girma a tarihin jihar, a yankin ƙauyukan manoma da makiyaya. A wannan shekara majalisa ta ware kusan dala biliyan 4 domin diyya. Jami'in da ya kunna wuta ta ɓaci, sunansa za a kira. Wanda ya ƙi kunnawa, wuta ta zo bayan shekara goma ta yi ɓarnar da ta ninka, ba mai tambayarsa. Muddin sakamako na tafiya haka, kashewa za ta ci gaba da rinjayar rigakafi.

Kuɗi ma sun bi wannan hanya. A 1995 yaƙar wuta na cin kashi 16 cikin 100 na kasafin hukumar. A 2015 ya haura rabi, har ana kwasar kuɗin sassabe da ƙunar rigakafi ana biyan jiragen kashe gobara. A lokaci guda ɗumamar yanayi na narkar da dusar ƙanƙara da wuri, tana tsawaita watannin fari, irin yanayin 1910 yana yawaita.

Sannan mutane sun shiga dajin da gidajensu. A Nuwambar 2018 wutar da wani tsohon layin lantarki ya haddasa ta afka wa garin Paradise da ke gindin tsaunukan Sierra Nevada a Kalifoniya. Faɗin da ta ci kimanin kashi ɗaya cikin ashirin ne na gobarar 1910, amma ta kashe mutum 85, ta rushe gine-gine fiye da 18,000. A 1910 yawancin mamatan ma'aikata ne da aka tura gaban wuta. A 2018 yawancinsu tsofaffi ne da ta tarar a gida ko a kan 'yan hanyoyin fita daga gari. Binciken Jack Cohen na cibiyar nazarin wuta da ke Missoula ya nuna cewa gidaje galibi garwashin da iska ke kawowa ne ke kunna su, kuma abin da ke raba gidan da zai tsira da wanda zai ƙone yana cikin mita 30 da ke kewaye da shi: irin rufin, busasshen ganye a indararo, tarin itacen girki a jikin bango. Wannan aiki ne na maigida da hukumar gari, jirgin sama ba zai yi musu shi ba.

A yau ƙabilun Salish da Kootenai a Montana suna gudanar da ƙunar rigakafi a dazuzzukansu da kansu, ƙabilun Karuk da Yurok a Kalifoniya kuma suna koyar da jami'an gwamnati dabarar da aka taɓa yi wa dariya. Yankin da ake ƙonawa da gangan a yammacin ƙasar har yanzu kaɗan ne idan aka auna da abin da ya taru.

Pulaski bai warke sarai ba. Wutar ta lalata masa ido da huhu, gwamnati ba ta biya shi diyyar da ya nema ba, kuma ya yi shekaru yana gyaran kaburburan mutanen da suka mutu yana roƙon a kafa musu alama. Ya rasu a 1931. Abin da ya bari shi ne wani makami da ya ƙera bayan gobarar, gatari ta fuska ɗaya, fartanya ta ɗaya fuskar, domin ma'aikaci ya sare ya kuma kankare ba tare da sauya kaya ba. Har yau sunansa ake kiran makamin da shi, kuma duk ayarin masu aikin wutar daji a Amurka na ɗauke da shi. Da shi ake share layi a gaban wutar da ake son tarewa, da shi kuma ake share layi a kewayen dajin da za a kunna wa wuta da gangan, a safiyar da iska ta kwanta kuma akwai sauran danshi a ƙasa.